Sana'ar Mai Ɗaukar Hoton Fim da Talabijin: Ido Ne Jarin Farko

A wannan fitowar za mu duba aikin mai ɗaukar hoton fim da talabijin. Da za a ce kowannenmu ya lissafa jaruman fim goma, nan take zai gama har ya ƙara. Amma da za a ce ya faɗi sunan mutum ɗaya da ya ɗauki hoton waɗannan finafinai, sai a ji shiru. Alhali duk abin da muka gani a allo, ta idon wannan mutum ya biyo kafin ya iso gare mu.

Dalili biyu ne suka sa muka zaɓi wannan darasi. Akwai masu ganin cewa da zarar sun mallaki kyamara mai tsada sun zama gwanaye, sai su ci bashi su saya, hoton kuma ya ƙi kyau. Akwai kuma masu baiwar abin da ke binne ta, saboda an ce musu ba sana'a ba ce, wasa ne. Duka biyun rashin sanin aikin ne ya jawo. Abin da muke so a riƙe shi ne: jarin farko na wannan sana'a ido ne da ya san haske, kuma idon nan horar da shi ake yi shekara da shekaru.

Wane ne shi, mene ne aikinsa?

Sunan da Turawa ke kiran wannan aiki ya samo asali daga kalmomin Girkanci biyu, ɗaya tana nufin motsi, ɗaya tana nufin rubutu. A wurin ɗaukar fim ana kiran mai aikin daraktan ɗaukar hoto, 'yan fim kuma kan taƙaita su ce DOP. Darakta shi ke da alhakin labari da wasan 'yan wasa. Daraktan ɗaukar hoto kuwa shi ke yanke shawarar yadda labarin zai bayyana a ido: ina za a kafa kyamara, wane gilashi za a ɗaura mata, daga ina haske zai fito, me zai shiga hoto, me za a bari a waje.

Aikinsa kashi uku ne. Kafin a fara ɗauka, zai karanta labarin sau da yawa, ya zauna da darakta su tsara kowace fitowa, ya je ya ga wuraren da za a yi aiki don ya san inda rana ke fitowa da inda take faɗuwa, sannan ya rubuta kayan da ake buƙata daidai da kuɗin furodusa. A lokacin ɗauka, shi ne shugaban masu kyamara da masu fitila. Bayan an gama, zai zauna da mai gyaran launi a gaban kwamfuta don hoton ya fito yadda aka tsara.

Talabijin tana da nata tsari. A ɗakin labarai ko filin ƙwallo, kyamarori da yawa ne ke aiki lokaci guda, kuma idan shirin kai-tsaye ne babu damar cewa a sake. A wasan kwaikwayo mai dogon zango kuwa, ƙalubalen shi ne kashi na 40 ya yi kama da kashi na 1 a launi da haske, ko da watanni sun raba ɗaukarsu.

Abubuwa huɗu da yake sarrafawa

1. Yawan haske. Kyamara akwati ce mai duhu da ke barin haske ya shiga ta ƙofa ɗaya. Masanin nan Ibnul Haisam, wanda aka haifa a Basra wajen shekarar 965, ya yi bayanin yadda haske ke shiga ɗaki mai duhu ta ƙaramar huda ya zana surar abin da ke waje a kife, a littafinsa Kitabul Manazir. Har yau a kan wannan ƙa'ida ake tafiya. Mai ɗaukar hoto yana daidaita abu uku: faɗin ƙofar gilashi, tsawon lokacin da ƙofar ke buɗe, da ƙarfin jin haske na kyamarar. Faɗin ƙofa ana auna shi da lambobi kamar 2.8, 4, 5.6 da 8. Ƙaramar lamba babbar ƙofa ce, kuma duk taki ɗaya da aka hau, hasken da ke shiga ya ragu da rabi.

2. Yanayin haske. Darasin farko da ake koyarwa shi ne fitilu uku: babbar fitila da ke haska fuska daga gefe, ƙaramar fitila da ke rage inuwar da babbar ta haifar, da fitilar baya da ke raba mutum da bangon da ke bayansa. Haske kuma yana da launi. Na rana yana kai kimanin digiri 5600 a ma'aunin Kelvin, na tsohon ƙwan fitila mai ja-ja kimanin 3200. Wanda ya haɗa su a ɗaki ɗaya ba da lissafi ba, zai ga rabin fuska shuɗi, rabi ruwan lemo. Akwai kuma dokar da muke karantawa a Fiziks: idan fitila tana nesa da mutum da mita 1 aka mayar da ita mita 2, hasken da ke faɗa masa zai koma kashi ɗaya cikin huɗu.

3. Gilashi da tsarin hoto. Gilashi mai faɗin gani, kamar na milimita 24, yana kwaso ɗaki gaba ɗaya. Mai dogon gani, kamar na milimita 85, yana jawo fuska kusa ya dusashe bayanta. Idan ana son mai kallo ya ji kaɗaicin marainiya, ana iya ɗaukarta daga nesa, ita kaɗai a tsakar gida. Idan ana son ya ji tsoronta, sai a matso har idanunta su cika allo. Ɗauka daga ƙasa tana ƙara wa mutum kwarjini, ɗauka daga sama tana ƙanƙantar da shi.

4. Motsi. Fim jerin hotuna ne marasa motsi da ake haskawa da sauri, 24 a daƙiƙa ɗaya a silima, 25 a tsarin talabijin irin namu. Ga wani amfani na sanin wannan: wutar lantarkinmu tana kai-komo sau 50 a daƙiƙa, yawancin wayoyi kuma an saita su a kan hoto 30. Shi ya sa wani lokaci bidiyon da aka ɗauka a ƙarƙashin wasu fitilu yake yin ƙyaf-ƙyaf. Mayar da saitin zuwa 25 yakan magance matsalar.

Tsanin da ake hawa

A manyan masana'antun fim, ba a wayar gari a ce wane ya zama daraktan ɗaukar hoto. Ana farawa ne daga ɗan koyo mai ɗaukar jaka, cajin batir da naɗe waya. Daga nan sai mataimaki na biyu, mai buga allon nan da ake rubuta lambar fitowa, mai kula da katin ajiyar hoto. Sai mataimaki na ɗaya, wanda aikinsa shi ne ya tabbatar fuskar ɗan wasa ta fito tar ko da yana tafiya, aikin da kuskuren inci kaɗan ke ɓata shi. Sai mai riƙe kyamara, sannan daraktan ɗaukar hoto. Wasu kuma ta ɓangaren fitila suke hawowa. A wurinmu sau da yawa mutum ɗaya ke haɗa biyu ko uku daga cikin waɗannan ayyuka saboda ƙarancin kuɗi, amma ilimin kowane mataki dole ne a same shi.

Mu ɗauki misalin Remi Adefarasin, ɗan Birtaniya mai tushe a Najeriya, wanda aka haifa a Landan a 1948. Ya karanta ɗaukar hoto a kwalejin fasaha ta Harrow, sannan ya shiga BBC a matsayin ɗan koyon kyamara a situdiyonta na Ealing a ƙarshen shekarun 1960. Ya daɗe yana aikin talabijin, yana hawa mataki-mataki. Sai a 1998 ya ɗauki fim ɗin Elizabeth, labarin sarauniyar Ingila ta ƙarni na 16. Wannan aiki ya ba shi kyautar BAFTA, kuma ya zama baƙar fata na farko da aka sa a jerin 'yan takarar kyautar Oscar ta ɗaukar hoto. Tsakanin ranar da ya fara ɗaukar jaka da wannan matsayi, kusan shekara 30 ne. Bayan haka bai raina talabijin ba, domin yana cikin waɗanda suka ɗauki shirin Band of Brothers na 2001.

Misali na biyu shi ne Roger Deakins, wanda aka haifa a Torquay ta Ingila a 1949. Da ya nemi shiga makarantar koyon fim ta ƙasarsu karon farko, ba a ɗauke shi ba. Sai ya shafe lokacin jiran yana yawo a ƙauyukan Devon yana ɗaukar hotunan manoma da rayuwar karkara, ya sake nema aka ɗauke shi. Ya fara da finafinan gaskiya, har da waɗanda ya ɗauka a Afirka. An fara sa shi takarar Oscar da fim ɗin The Shawshank Redemption na 1994. Sau 13 yana takara yana faɗuwa. Sai a karo na 14, a shekarar 2018, ya ci da fim ɗin Blade Runner 2049, yana ɗan shekara 68. Ya sake ci a 2020 da fim ɗin 1917, wanda aka tsara shi ya zama tamkar ɗauka ɗaya ce ba yankewa. Don hasken ya zama iri ɗaya daga farko zuwa ƙarshe, sai da suka riƙa zaman jiran gajimare ya rufe rana kafin su kunna kyamara. Mai haƙuri, in ji Hausawa, shi ke dafa dutse.

'Yan uwanmu mata, wannan fage bai rufe muku ƙofa ba, ko da yake an daɗe kafin a buɗe ta sosai. Sai a 2018, a bikin Oscar karo na 90, aka fara sa mace a takarar ɗaukar hoto, wato Rachel Morrison, da fim ɗin Mudbound. Ita ce kuma ta ɗauki Black Panther.

A nan gida fa?

Tashar talabijin ta farko a ƙasar nan, WNTV, an buɗe ta a Ibadan a 1959, kuma a can Tunde Kelani ya koyi aikin kyamara kafin ya tafi makarantar fim a Landan a shekarun 1970. Ya daɗe yana ɗaukar wa wasu hoto kafin ya zama daraktan da ya yi Saworoide a 1999. A Jos akwai Cibiyar Koyon Fim ta Ƙasa, ƙarƙashin Hukumar Fim ta Najeriya, akwai kuma Kwalejin Talabijin ta NTA. Daga waccan cibiya Yinka Edward ya fito. Shi ya ɗauki The Figurine na 2009, October 1 na 2014, Lionheart na 2018, da The Milkmaid na 2020, wanda aka ɗauka a Jihar Taraba, akasarinsa da harshen Hausa, kuma Najeriya ta miƙa shi takarar Oscar. Wannan ya nuna cewa harshenmu da ƙasarmu suna iya fitowa a allo da kyan da za a kai ko'ina, idan aka samu mai ido a bayan kyamara.

Masana'antar finafinan Hausa, wadda ake ƙirga farkonta daga Turmin Danya na 1990, ta tashi ne a kan kyamarar bidiyo da koyo a hannun na gaba. Yau kiɗa ya canza. Tashar Arewa24 da ta fara aiki a 2014 da finafinai masu dogon zango a YouTube sun sa mai kallo yana kwatanta namu da na ƙasashen waje a waya ɗaya. Mai kallon da ya saba ganin hoto mai kyau ba zai koma baya ba, don haka buƙatar masu ilimin haske ƙaruwa take yi.

Akwai kuma wani dalili da ya sa ya kamata namu su ƙware. Shekaru da dama, kamfanin Kodak yana raba wa masu wankin hoto wani kati mai ɗauke da hoton Baturiya, da shi ake daidaita launin injin. Ma'aunin ke nan an gina shi a kan farar fata, baƙar fuska kuwa takan fito a dushe. Kyamarorin yau sun fi na da nesa ba kusa ba, amma matsalar ba ta ƙare ba. Ku tsayar da mutum baƙi sanye da farar shadda a jikin farin bango da tsakar rana, ku bar waya ta zaɓi haske da kanta. Za ta bi farin, fuskar ta nutse. Ranarmu tana tsayawa a tsakiyar kai, ta zuba inuwa a ramin ido. Hazon hunturu yana tausasa haske amma yana kashe launi. Waɗannan matsalolinmu ne, kuma wanda ya tashi a cikinsu ya fi kowa damar gano maganinsu.

Wahalar da ke ciki

Ba za mu ɓoye muku ba, sana'ar tana da ɗaci. Yawancin masu yinta ba su da albashin wata, aiki ne ke zuwa ya wuce, wata rana a samu, wata rana a rasa. Ana fita da asuba don a riski hasken safe, a kai dare ana tsaye. Kayan aiki suna da tsada, shi ya sa ko ƙwararru haya suke yi maimakon saye. Ga ƙarar janareta, ga ƙura mai shiga gilashi, ga furodusa yana cewa a yi sauri. Idan fim ya yi kyau jarumi ake yabo, idan hoto ya ɓaci kowa ya san wanda za a nema. Wanda suna yake nema, gara ya sake shawara.

Ta ɗaya gefen kuma, hanyoyin samu suna da yawa: fim, tashoshin talabijin, tallace-tallace, finafinan gaskiya na hukumomi da ƙungiyoyi, bukukuwa da tarurruka. Ilimin ɗaya ne, wurin amfani da shi ne ya bambanta. Sannan akwai amana. Kyamara tana iya tona asiri, tana iya zubar da mutuncin bawan Allah cikin daƙiƙa ɗaya. Ba a ɗaukar mutum sai da izininsa, ba a kuma yaɗa abin da zai kunyata shi.

Me za mu iya yi tun daga aji?

Na farko, mu riƙe darussanmu. Fiziks shi ke bayanin haske, madubi da gilashi. Lissafi shi ke taimakawa wajen awo da kasafi. Adabin Hausa da na Turanci su ke koya mana gane inda zuciyar labari take, domin wanda bai fahimci labari ba ba zai san inda zai kafa kyamara ba. Zane yana koyar da tsari da launi. Kuma mai son digiri ko difloma a wannan fanni sai ya ci WAEC ko NECO da JAMB kamar kowa.

Na biyu, kada rashin kaya ya zama uzuri. Fim ɗin Tangerine na 2015 da wayoyin iPhone 5s aka ɗauke shi, kuma aka nuna shi a bikin finafinai na Sundance a Amurka. Ga gwaji huɗu da za a iya yi a gida lokacin hutu, tunda dokar makaranta game da waya tana nan daram:

Gwaji na 1. Ku zaɓi bishiya ɗaya ko ƙofar gida. Ku ɗauke ta daga wuri ɗaya da ƙarfe 7 na safe, 12 na rana da 5:30 na yamma. Ku rubuta bambancin inuwa da launi.

Gwaji na 2. Ku zaunar da ƙaninku kusa da taga, da izininsa. Ku ɗauke shi taga tana bayansa, sannan tana gefensa, sannan tana gabansa. Daga nan ku riƙe farin kwali a ɓangaren da ke da inuwa, ku ga yadda yake mayar da haske kan fuska.

Gwaji na 3. Ku ba da labari da hoto biyar kacal, ba magana ba rubutu. Misali, yaro ya ɓatar da kuɗin aike. Ku nuna wa wani. Idan ya gane ba tare da bayani ba, kun ci.

Gwaji na 4. Ku kalli minti biyar na fim ɗin da kuke so a kashe sauti. A kowace fitowa ku tambayi kanku: daga ina hasken ya fito, kuma me ya sa aka ajiye kyamara a nan?

Na uku, bayan kammala makaranta, mai sha'awa ya nemi yardar iyayensa, ya nuna musu makarantun da ake koyar da abin da irin ayyukan da ake samu, sannan ya nemi ƙwararre mai mutunci ya zauna a ƙarƙashinsa. Kada ya ji kunyar naɗe waya da ɗaukar jaka, domin a nan ne ake ganin yadda na gaba ke warware matsala. Kuɗin da zai zuba a kyamara tun bai san haske ba, gara ya zuba shi a koyo.

Tambayoyin bita

1. Mene ne bambancin aikin darakta da na daraktan ɗaukar hoto?
2. Idan aka matsar da fitila daga mita 1 zuwa mita 3, kashi nawa na hasken zai rage a kan fuska?
3. Me ya sa fuska ke duhu idan mutum ya sa fararen kaya a rana, kuma yaya za a gyara?
4. Kawo matakai huɗu da ake bi kafin a zama daraktan ɗaukar hoto.

A rubuta amsa a takarda, tare da suna da aji, a jefa a akwatin ƙungiyar 'yan jarida kafin fitowa ta gaba. Za mu liƙa amsoshin da suka fi kyau a wannan allo. Kafin nan, duk fim ɗin da kuka kalla, ku daure ku jira sunayen da ke hawa a ƙarshe, ku nemo na mai ɗaukar hoto, ku riƙe shi.